Alhaji da Zangon Iska

Alhaji ya dire memori a teburin mai turi, yana gyara hannun babbar riga.

Alhaji: Kai yaro, ka cuci jikokina. Katun ɗin yaron nan mai ƙwal-kwabo da kibiya a goshi, Avatar, zango uku ka tura. Ina na huɗu?

Mai Turi: Ranka ya daɗe, ukun ne duka-duka. Ruwa kashi 20, Ƙasa 20, Wuta 21, ya tashi 61. Nickelodeon ta fara shi a 2005, ta rufe a watan Yulin 2008.

Alhaji: Ruwa, ƙasa, wuta. Iskar fa? Abu huɗu yarinyar nan Katara take lissafawa a farkon kowane kashi. Da kunnena na ji.

Mai Turi: Na ɗauka na jikoki ne.

Alhaji: Wucewa nake yi.

(Jikokin dai suna makarantar kwana tun watan jiya.)

Mai Turi: Alhaji, kowane zango sunan abin da Aang, yaron mai kibiyar, yake koyon sarrafawa ne. Iska kuwa da ita ya tashi. Wa zai koya wa ɗan Sarkawa iyo?

Alhaji: To na ukun ma ka yi min ƙwange. Ka ce 21, na ƙirga 16.

Mai Turi: Haɗe su aka yi. Na 10 da 11, ranar husufin rana, guda ne. Na 14 da 15 na kurkukun nan, guda. Na 18 zuwa 21, na tauraruwa mai wutsiya, dunƙule ɗaya, ya kai awa ɗaya da rabi. Duba tsawonsu. In ya maƙale a tsakiya, memorinka ne jabu, rubutun jikinsa ya fi cikinsa.

Alhaji: Daga Dubai aka kawo min shi!

(Daga bakin danja.)

Alhaji: Kuma wane irin ƙarshe ne wannan? An yi ta wasa wuƙa, aka zo kan Sarkin Wuta Ozai, yaro ya ƙi kashe shi.

Mai Turi: Tarbiyyar malamansa ta hana shi ɗaukar rai. Sai ya dafa goshinsa da ƙirjinsa ya ɗauke masa wutar gaba ɗaya.

Alhaji: Ashe har can ɗaukewa ake yi. Sun aiko masa da takardar biya ƙarshen wata?

Mai Turi: Kurkuku ya tafi.

Alhaji: Ya huta. To uwar Zuko, ɗan Ozai ɗin? Ya tsare ubansa yana tambaya, aka yanke. Wannan ai shaida ce akwai ci gaba, kana ɓoyewa manyan kwastomominka.

Mai Turi: Amsar tana littafin zane, The Search, na 2013. Karantawa ake yi.

Alhaji: Ni zan karanta littafin yara? Da girmana?

Mai Turi: In iska kake so dole, akwai Korra, katun ɗin yarinyar da ta zama sabuwar Avatar. An fara a 2012, labarin shekara 70 bayan yaƙin Aang da Ozai, kashi 52. Zangon farko sunansa Iska, kashi 12, ɗan Aang ne ma malaminta.

Alhaji: Aang ɗin fa?

Mai Turi: Ya rasu.

Alhaji ya cire hula. Shagon ya yi tsit, har mai cajin waya ya rage rediyo.

Alhaji: Ba wanda ya sanar da ni. Iroh fa, baffan Zuko mai shayi?

Mai Turi: Wanda ya fara yin muryarsa, Mako, ya rasu a 2006, wani ya karɓa. Akwai kuma na mutane da Netflix ta yi a 2024, kashi 8...

Alhaji: Riƙe abinka. Maƙwabcinka ya ce yana da zango na huɗu.

Mai Turi: Korra ce ya sauya wa suna, kuɗin ninki biyu.

Alhaji: Ka ji mai kaya na gaske. Abu mai kyau ai ba ya araha. Miƙo memorina.