Idan fim ya tona asiri, sai a ce labarin ƙarya ne

Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne yadda duk lokacin da wani fim na binciken ƙwaƙwaf ya nuna aika-aikar jami'an tsaro, hukuma ba ta tsayawa ta duba hujjar. Nan take kakakinta zai fito ya ce labarin ƙarya ne, wasu kuma su ɗauka su yi ta yayatawa.

Mu tuna Kamaru. A Yulin 2018 wani bidiyo ya karaɗe intanet, an ga sojoji sun tasa mata biyu da ƙananan yara biyu a gaba, sun rufe musu ido, sun harbe su. Ministan sadarwa na lokacin, Issa Tchiroma Bakary, ya ce ƙarya ce. Masu binciken BBC Africa Eye ba su yi cacar baki da shi ba. Sun ɗauki tsarin duwatsun da ke bayan sojojin suka gwada da hotunan tauraron ɗan'adam har suka gano wurin, kusa da Zelevet. Daga inuwar sojojin a ƙasa suka ƙiyasta cewa abin ya faru ne a 2015, suka kuma tantance irin bindigogin. A 2020 kotun soja ta ɗaure huɗu daga cikinsu shekara 10 kowanne. To wa ya yi ƙaryar?

Haka aka yi da binciken CNN kan harbin masu zanga-zangar EndSARS a Lekki da ke Legas ranar 20 ga Oktoban 2020. Ministan yaɗa labarai na Najeriya na lokacin, Lai Mohammed, ya yi watsi da shi, amma a 2021 kwamitin shari'a da Jihar Legas ta kafa da kanta ya ce sojoji sun harbi masu zanga-zangar da ba su ɗauke da makami.

A 2022 kuwa sai aka sauya salo. Hukumar NBC mai kula da gidajen rediyo da talabijin a Najeriya ta ci Trust TV tarar naira miliyan 5 saboda fim kan 'yan bindiga, wai tallata ta'addanci ne. Wannan hujja ba ta da ƙafar tsayuwa. Mutumin da aka ƙone ƙauyensa a Zamfara ba a talabijin ya san ɓarayin daji ba. Waɗanda fim ɗin ya tayar wa hankali su ne masu son a ci gaba da cewa komai lafiya lau.

Masu cewa irin waɗannan finafinai na zubar da ƙimar ƙasa, su fara tambayar wanda ya ɗana kunamar bindiga.

Gwamnatin da ta yi imani an yi mata ƙazafi tana da kotu, tana da nata bayanan. Ta fito da su a fili. Sauran aikin na kafofinmu ne: su horar da matasa tantance bidiyo, su zuba kuɗi a bincike, su daina jiran sai BBC ko CNN sun tona kafin su ɗauko.