Suyar minti goma da ta ci min awa ɗaya da rabi

An ce min suyar nama da kayan lambu irin ta 'yan Sin minti goma ce. Ba ƙarya aka yi ba, minti goma ce a kan wuta. Abin da aka ɓoye min shi ne sai ka gama yanke-yanke kaf kafin ka kunna wutar. Ni kuwa na ɗora kasko, na zuba mai cokali biyu, na jefa tafarnuwa, sannan na juya neman wuƙa. Dakakkiyar tafarnuwa ba ta jure fiye da daƙiƙa 30 a mai mai zafi. Ko da na waiwayo ta zama gawayi, ɗacinta ya kama man. Na zubar, na wanke kasko, na koma farko.

Sai naman shanu, rabin kilo. Ƙa'ida ita ce a sa shi a firiza kamar minti 20 ya ɗan sandare, sannan a yanka shi fale-fale a gicciye, wato wuƙa ta datse zaren naman, don haƙori ya samu sauƙi. Sai a cuɗe shi da soya sos (baƙin ruwan ɗanɗano da ake yi da waken soya) babban cokali ɗaya, kwanfulawa (farin garin sitacin masara) ƙaramin cokali biyu da ɗan mai, a bar shi minti 15. Ni saboda sauri na bi zaren a tsaye, kowane yanki kaurin babban yatsana.

Babbar ɓarnar ma tana gaba. Kasko ya yi zafi har yana hayaƙi, na juye naman nan gaba ɗaya. Ya yi "cuuu" sau ɗaya, daga nan ya yi tsit. Nama mai yawa yana kashe zafin kasko, ruwan jikinsa ya fito ya rasa zafin da zai ƙone shi, suya ta koma dahuwa. Na tsaya ina kallon namana yana iyo a wani ruwa mai launin toka. Ashe kashi uku ake raba shi: a shimfiɗa kowane kashi ba tare da yanki ya hau yanki ba, a ƙyale shi minti ɗaya ba juyawa, a juya, a kwashe a faranti. Ni da na riƙa gauraya shi ba hutu kamar mai bin sa bashi.

Kayan lambu kuma daga wanki sai kasko, ban tsane su ba. Ruwa ya haɗu da mai, na yi tsalle baya da murfin tukunya a hannu kamar garkuwa. Kuma tare na zuba su, alhali karas da koren wake suna son minti biyu zuwa uku su kaɗai kafin tattasai da kabeji su shiga. Karas ya fito gagau, kabeji ya narke.

Haɗin miyar ba wuya: soya sos cokali uku, ruwa cokali huɗu, sukari kaɗan, kwanfulawa ƙaramin cokali biyu, a dama da ruwan sanyi, a zuba a ƙarshe tare da naman, ta yi kauri cikin minti ɗaya. Ni na barbaɗa garin kai tsaye a kan zafi, ya dunƙule gudaji-gudaji. Na kuma ƙara gishiri, na manta soya sos ɗin kanta gishiri ce.

Ƙanwata ta ɗauki yanki ɗaya, ta yi ta tauna har na gama wanke kasko. Ta sha ruwa kofi biyu, ta ce, "Yaya, sannu da aiki. Amma waccan albasar da cittar da ke kan katakon yanka, na gobe ne?"