Sarkin da Ya Sayi Iska da Jinin 'Yarsa

'Yan uwana matasa, akwai wani labari a almarar Girkawan dā da nake so mu tsaya a kansa, domin ko da yake allolin da ke cikinsa ƙirƙira ce ta mutanen wancan zamani, halin ɗan Adam da labarin ya tona har yau yana tare da mu.

Agamemnon shi ne sarkin Maisini, kuma shi aka bai wa jagorancin rundunar Girkawa da za ta yaƙi birnin Tiroyi don a dawo da Helen, matar ɗan uwansa Menelawus. Jiragen ruwa suka taru a gaɓar Awulis, amma iskar da za ta tura su ta ƙi kaɗawa, kwanaki suka yi ta shuɗewa har mayaƙa suka fara gunaguni. Bokan rundunar, Kalkas, ya ce allahiyarsu Atemis ce ta yi fushi, kuma ba za a ga iska ba sai sarki ya yanka mata 'yarsa Ifijiniya.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne yadda ya kira yarinyar. Ya aika wa matarsa Kilitemnestira cewa ya ba da 'yarsu aure ga jarumi Akilis, don haka a kawo ta. Uwa ta shirya 'yarta cikin murna, ta rako ta da kayan amarci har sansani, ashe wuƙa ce ke jiran ta. Sarkin nan yana da ikon ya sallami runduna ya koma gida da 'yarsa, amma ya ji tsoron a ce ya gaza a gaban sarakunan da suka yi masa mubaya'a.

Wannan tsoron na "me mutane za su ce" ne nake jiye mana. Da yawanmu muna kashe kanmu wajen neman suna a gaban abokai, alhali mahaifiya tana gida tana jiran kuɗin magani, mata tana haƙuri da alkawarin da aka ɗaga sau goma, ƙanwa kuma an tura ta auren da ba ta so saboda wata alfarma da ake hange. Duk wanda ya kai ga sai ya yi wa iyalinsa ƙarya kafin burinsa ya cika, to ya tsaya ya sake duba burin nan. Ku ji tsoron Allah a kan waɗanda suka amince da ku, domin amanarsu ce ta sa suke zuwa da zarar kun kira.

Iska ta kaɗa, an yi shekara 10 ana gwabzawa, Tiroyi ta faɗi, Agamemnon ya dawo da ganima da ɗaukaka. Amma matar da ya yaudara ba ta manta ba ko na kwana ɗaya. Ta tarbe shi da fara'a, ta bari ya shiga wanka, ta lulluɓe shi da mayafin da ya kasa kuɓuta daga cikinsa, aka kashe shi a nan, da haɗin bakin Ijistus, ɗan baffansa da ya zama farkanta. Ɗansu Orestis, wanda yana yaro ƙarami lokacin da aka tafi Awulis, ya girma ya kashe mahaifiyarsa don ɗaukar fansar ubansa, sannan ya bi duniya a haukace, aljanun ramuwa suna biye da shi.