Littattafan tunani: da kanka za ka fara

Akwai masu karatun da littattafan falsafa suke ƙara wa ciwo maimakon su warkar da su. Mutum zai karanta littafi biyu ko uku kan yadda ake auna hujja, ya haddace sunayen kurakuran manɗiƙi, shi ke nan jama'a sun shiga uku. Duk wanda ya buɗe baki sai ya laƙaba masa ɗaya: kai ka bar magana ka koma sukar mai maganar, kai ka ɗora mini abin da ban faɗa ba, kai ka mayar da yawan mabiya hujja. Sau tari ma da gaskiyarsa. Amma ka zuba masa ido na ɗan lokaci, za ka ga ko ra'ayinsa ɗaya bai gusa ba. Abin da ya shiga karatun da shi, da shi ya fito, sai dai yanzu ya fi iya kare shi. An aike shi neman alƙali, ya dawo da lauya.

Ni a ganina wannan karatun baibai ne. Manyan littattafan da suka yi magana kan tunani da kimiyya da zaman tare, idan ka bi su a hankali, wanda suke tuhuma na farko shi ne mai karatun da kansa.

Ibnul Haisam, wanda aka haifa a Basra ya rasu a Alƙahira wajejen shekarar 1040, ya rubuta littafi guda a kan shakkun da yake da su game da Baɗlimus, malamin taurarin da duniya ta yi ƙarnuka tana dogaro da shi. A gabatarwar ya ce wanda ke neman gaskiya ya zama abokin gabar duk abin da ya karanta, ya kai masa hari ta kowace fuska. Wannan ɓangaren kowa yana sonsa, har a yi ta yaɗa shi. Sai dai bai tsaya nan ba. Ya ƙara da cewa mai binciken ya tuhumi kansa a lokacin da yake wannan aikin, kada ya zalunci marubucin, kada kuma ya sassauta masa. Rabin farko yana da daɗi, rabi na biyu shi ne aikin. Ibn Khaldun ma, a Muƙaddimarsa ta 1377, da ya zo lissafa dalilan da ke sa ƙarya ta shiga labarai, da ta'assubanci ya fara: zuciyar da ta riga ta karkata ga wani ra'ayi tana karɓar labarin da ya dace da shi nan take, ba tare da tacewa ba. Laifi tudu ne, in ji masu iya magana, kuma waɗannan malamai suna cewa ne ka duba wanda kake tsaye a kai.

Bari mu gwada a nan, ni da kai. Na riƙe wata ƙa'ida a zuciyata, kuma waɗannan lambobi uku sun dace da ita: 2, 4, 6. Aikinka shi ne ka gano ƙa'idar. Kana iya kawo lambobi uku-uku yadda ka ga dama, ni kuma in ce maka sun dace ko ba su dace ba. Yawancin mutane za su ce 8, 10, 12. Sun dace. Su ce 20, 22, 24. Sun dace. Su ce 100, 102, 104. Sun dace. Sai mutum ya gyara zama ya ce ai ya gano, biyu-biyu ake ƙarawa. To bai gano ba. Ƙa'idar ita ce kawai kowace lamba ta fi wadda ta gabace ta girma, don haka 1, 7, 500 ma sun dace. Masanin halayyar ɗan Adam Peter Wason ne ya yi wannan gwaji a Ingila a 1960, da ɗaliban jami'a, kuma kaɗan ne suka dace a amsar farko. Ba ƙarancin basira ya kayar da su ba. Duk lambobin da suka kawo na tabbatar da zatonsu ne. Da mutum zai kawo lambobin da yake tsammanin za a ce masa ba su dace ba, da nan take ya ga inda zatonsa ya gaza. Amma rai ba ya son jin a'a, ko da a wasan lambobi ne.

A kan wannan gaɓar masanin falsafa Karl Popper ya gina fahimtarsa ta kimiyya, a littafinsa na 1934. Ya taso a Biyana, babban birnin Ostiriya, inda ya ga mabiya wasu manyan ra'ayoyi kan tarihi da halayyar mutum suna samun hujja a komai: in abu ya faru sun ce mun faɗa, in kishiyarsa ya faru sun ce wannan ma mun faɗa. Sai ya kwatanta su da Einstein, wanda ya ce hasken tauraro zai lanƙwasa da wani ƙayyadadden gwargwado idan ya wuce kusa da rana. Wannan magana ce da ta miƙa wuyanta: a auna, in ba haka ba ne ta mutu. Aka auna a husufin rana na 1919, ta tsira. Abin da Popper ya fitar shi ne, ra'ayin da babu wani abu da zai iya faruwa ya ƙaryata shi bai faɗi komai game da duniya ba, ko da ya yi daɗin ji. Tambayar da na fi amfana da ita daga duk karatun nan gajera ce: me zan gani in yarda na yi kuskure? In ka yi wa kanka ita a kan siyasa, ko magani, ko wani mutum da ka tsana, ka rasa amsa, to abin da kake riƙe da shi ya fi ƙarfin hujja tun tuni.

Kada a ɗauka masana kimiyya mala'iku ne da suke bin wannan a aikace. Carl Hempel ya kawo labarin likita Ignaz Semmelweis a wani ɗan ƙaramin littafinsa na 1966, kuma labarin ya cancanci a tsaya a kansa. A babban asibitin Biyana akwai ɗakunan haihuwa biyu. A na farko likitoci da ɗalibansu ke karɓar haihuwa, a na biyu ungozomomi. A 1846, sama da kashi 11 cikin 100 na matan ɗakin farko zazzaɓin bayan haihuwa ya kashe su, a na biyu kuwa ba su kai kashi 3 ba. Semmelweis ya bi bayanan da ake bayarwa ɗaya bayan ɗaya. An ce firgita ce, saboda limamin coci yana ratsa ɗakin ana kaɗa masa ƙararrawa idan zai je wurin mai gargarar mutuwa. Ya roƙi limamin ya canza hanya, a daina ƙararrawar. Mutuwa ba ta ragu ba. An ce yanayin kwanciyar haihuwa ne ya bambanta. Ya sa aka canza. Ba ta ragu ba. Sai a 1847 wani abokin aikinsa ya samu yanka da wuƙar binciken gawa, ya mutu da alamomi irin na matan. Nan ya farga: likitoci da ɗalibai daga ɗakin gawa suke fitowa su duba masu naƙuda, ungozomomi kuwa ba sa taɓa gawa. Wato hannun masu maganin ne ke ɗauke da ajalin, har da nasa hannun. Ya tilasta wanke hannu da ruwan kilorin, mutuwa ta sauko ƙasa da kashi 2.

Ka ce daga nan kowa ya sallama? Ina! Manyan likitoci da dama sun ƙi, domin yarda na nufin amsa cewa su ne suka yi ta kashe marasa lafiyarsu ba da sani ba. Semmelweis ya mutu a 1865 a gidan masu taɓin hankali, ba a karɓi maganarsa yadda ya kamata ba sai bayan da ilimin ƙwayoyin cuta ya kafu. Irin wannan ne Thomas Kuhn ya yi bayani a 1962: masana suna aiki ne a cikin wani tsarin fahimta da suka gada, abin da bai shiga tsarin ba sukan kau da kai daga gare shi har sai ya taru ya yi yawa.

To in har ƙwararru ma haka suke, mene ne abin yi? A nan ne littattafan tunani suke haɗuwa da na zaman jama'a, kuma da yawa ba sa lura da mahaɗar. Tunda mutum ba ya iya ganin duk kurakuransa komai ƙoƙarinsa, yana bukatar wanda zai saɓa masa, kuma yana bukatar wannan mutumin ya kwana lafiya bayan ya saɓa. John Stuart Mill ya faɗa a littafinsa na 1859 kan 'yanci cewa wanda ɓangarensa kaɗai ya sani a wata mas'ala, ko ɓangaren nasa bai sani sosai ba. Wanda yake ganin wannan zancen teburin masana ne ya duba Tarayyar Sobiyat. Trofim Lysenko ya zo da ra'ayoyin noma da suka saɓa wa ilimin gadon halitta, ya samu goyon bayan shugaban ƙasar, Stalin, a 1948 aka haramta koyar da abin da ya saɓa masa. Nikolai Vavilov, wanda ya zaga ƙasashe yana tara irin shuka don maganin yunwa, tun 1940 aka kama shi, ya mutu a kurkuku a 1943 cikin yunwa. An rufe bakin masana, amma alkama ba ta san Stalin ba.

Sai dai akwai iyakar da ya kamata a faɗa wa masu ɗokin kimiyya, domin su ma suna da nasu ta'assubancin. David Hume ya lura tun 1740 cewa marubuta sukan yi ta bayanin yadda abu yake, kwatsam sai su tsallaka zuwa yadda ya kamata ya zama, ba tare da sun nuna gadar da suka bi ba. Ɗakin gwaji zai gaya maka abin da sinadari zai yi wa huhun mutum. Ba zai gaya maka ko ya halatta ka fesa shi ba. Fritz Haber, Bajamushe, shi ya gano hanyar haɗa sinadarin amoniya daga iska a 1909, wadda takin zamani ya dogara da ita, kuma abincin biliyoyin mutane a yau ta nan yake fitowa. Shi ɗin dai ne ya jagoranci amfani da iskar kilorin mai guba a fagen daga a Beljiyam, a watan Afrilun 1915. Ƙwaƙwalwa ɗaya, ƙwarewa ɗaya, har lambar Nobel ya samu. Duk wanda ya ce ilimin kimiyya kaɗai ya isa ya gyara mutum, ya zauna ya yi mana bayanin Haber. Adalci da tausayi da darajar rai daga wani wurin ake kawo su, kuma su ma suna bukatar a yi tunani a kansu da natsuwa, ba a bar su ga motsin rai ba.

Na san wasu 'yan uwa za su ce falsafa ƙofar shakka ce, shakka kuma ƙofar ɓata. Damuwar ba ta banza ba ce, manyan malamai sun yi ta. Ibn Taimiyya littafi sukutum ya rubuta na raddi ga masu manɗiƙi. Amma wanda ya leƙa littafin zai ga mutumin da ya san manɗiƙin ciki da bai kafin ya ɗaga alƙalami. Imam Gazali, wanda ya rasu a 1111, ya fi kowa fito da wannan fili. A littafinsa Al-Munƙiz minad Dalal ya ce yi wa mazhaba raddi kafin ka fahimce ta harbi ne a cikin duhu. Ya kuma yi kashedi da jahilin masoyin addini, wanda zai ƙaryata lissafin husufi da sunan kare addini, sai wanda ya san lissafin tabbas ne ya koma shakkar addinin. A can ne kuma ya nuna yadda ido da kansa yake yaudara: kana kallon inuwa kamar a tsaye take alhali tafiya take yi, tauraro kuma ka gan shi kamar dinari alhali lissafi ya nuna ya fi ƙasa girma. Muna cewa gani ya kori ji, shi kuwa yana tambayar wa zai binciki ganin.

Dubi yadda shi da kansa ya yi da masu falsafa. Ya rubuta Maƙasidul Falasifa, inda ya shimfiɗa ra'ayoyinsu yadda suke, ya ce raddi zai zo daga baya. Ya yi musu adalci har ta kai lokacin da aka fassara littafin zuwa Latin a birnin Toledo na Sifaniya a ƙarni na 12, yawancin kwafin ba su ɗauke da gabatarwar ba, malaman Turai suka daɗe suna ɗaukarsa ɗaya daga cikin mabiya Ibn Sina, jigon masu falsafar da yake shirin yi wa raddi. Raddin shi ne Tahafutul Falasifa, kuma bai sassauta musu ba ko kaɗan. Ibn Rushd na Ƙurɗuba, wanda aka haifa a 1126, shekara 15 bayan rasuwar Gazali, ya mayar masa da martani a Tahafutut Tahafut. Tsarin da ya bi shi ne ya kawo maganar Gazali da lafazinta, sakin layi bayan sakin layi, sannan ya amsa, wani wurin ma ya ce a nan Gazali ya yi daidai, Ibn Sina ne ya kauce. Saboda haka wanda ya karanta raddin Ibn Rushd ya karanta mafi yawan littafin da ake yi wa raddin, da bakin mai shi.