Kan sarkin da ya koɗe tun daga maɗaba'a

Jiya na kalli wani ɗan gajeren katun na 1941, wanda Norman McLaren ya yi wa gidan wayar Kanada. Da hannu ya zana hotunan a jikin fim ɗin kansa, wasiƙu na ta tsalle suna rawa, ana roƙon mutane su aika saƙon Kirsimeti da wuri. Ya burge ni ƙwarai. Amma ina gama kallo sai hankalina ya koma kan adakar kakana.

A cikinta akwai ambulan biyu daga Ingila, kowanne da shuɗin kan sarki mai hoton Sarki Joji na Shida. Ɗaya shuɗi ne shar, ɗayan kuwa fari-fari kamar tsohuwar riga da ta sha wanki. Shekara da shekaru ina zaton rana ce ta cinye shi. Ashe haka ya fito daga maɗaba'a. A 1941, yaƙin Hitila ya yi tsanani, sai aka sa kamfanin Harrison, mai buga wa Ingila kan sarki, ya rage kaurin launi, don a yi tattalin tawada, kuma ƙarafan bugu su daɗe ba su cinye ba. Kafin nan, a daren 29 ga Disamba 1940, jiragen Jamus sun ƙone maɗaba'ar De La Rue da ke Landan, kamfanin da ya buga kan sarkin Nijeriya ta Arewa tun 1900. Dole aka raba aikinsa ga wasu, har yawan hujin gefen wasu kan sarki na ƙasashen mulkin mallaka ya sauya.

Katun irin na McLaren aikinsu kwantar da hankali ne, ban ga laifinsu ba, mutanen da ke cikin fargaba suna bukatar abin da zai sa su murmushi. Sai dai ƙuncin da aka sha, a wannan 'yar takarda da ba ta kai babban yatsa ba na gan shi.

Shi ya sa raina ke ɓaci idan na ga an share ɗakin tsoho bayan rasuwarsa an cinna wa takardunsa wuta, wai tarkace. Don Allah ku duba kafin ku ƙona. Nawa biyun na sa su a leda, na ɗora saman durowa inda damshin damina ba ya kaiwa.