Bikin tsaye, jawabin zaune

Ni dai ban kira sunan kowa ba, kuma ba zan kira ba. Mai kaza a aljihu ce ba ta jimirin as.

Labari ya iso ni cewa ana bin gidajen iyayen amare ana ba da shawara kyauta: wai kada a kuskura a ba ni shirya biki, don ba na ganin girman manya, wai ina ƙwace makirfo a hannun gwaggon amarya tana tsakiyar nasiha. Ita kuwa mai shawarar, wai a taronta kowa sai ya yi magana ya gamsu. To madalla. Ai mun ga gamsuwar, tun da bidiyon yana ta yawo a WhatsApp, kuma ba ni na ɗauka ba.

Katin bikin da ta shirya ya ce kwaktel, wato taron tsaye. An kafa dogayen tebura a fili, an ɗaura musu kyalle, an jera furanni, kujeru 'yan kaɗan a lungu. Har nan babu laifi, hoto ya yi kyau. Sai aka fito da takardar tsari, jawabai 11. Goma sha ɗaya, jama'a, ga mutanen da ke tsaye! Mata sun sha anko, an kafa ɗaurin kai tun azahar, ga takalmi mai tsini a kan ciyawa. Kafin a kai jawabi na biyar wasu sun cire takalman sun riƙe a hannu, wasu sun koma mota sun kunna sanyi, wata dattijuwa kuwa a kan kular lemo ta samu wurin zama. Wannan shi ne ganin girman manyan da ake min gori da shi.

Kwaktel ba namu ba ne, aro muka yi daga Turawa. Muka cire giyarsu muka zuba zoɓo da kunun aya da lemon citta, muka ɗora samosa da fanke da tsire da dambun nama a tire. Amma ginshiƙin abin bai canja ba: taro ne na zagayawa, a gaisa da wannan, a yi hoto da wancan, a taɓa ɗan abin ci a tsaye, cikin awa 2 ko 3 a watse. A dina ta zaune mutum yana da kujera, ga farantin shinkafa a gabansa, ko shugaban taro ya yi rabin awa zai daure. Na tsaye kuwa ƙafarsa ce agogonsa. Wadda ta ɗauko tsarin dina ta kifa a kan kwaktel, teburan kawai ta gani a shafin mutane, ba ta tambayi me ya sa babu kujeru ba.

Tun da an daɗe ana leƙen takarduna a ɓoye, bari yau in bayar a fili, sadaka. Ba na buɗe makirfo da isowar mutane. Minti 30 zuwa 40 na farko na baƙi ne, kowa ya samu kofi a hannu, tire ya zagaya aƙalla sau ɗaya, don mai jin yunwa ba ya sauraron tarihin kowa. Sannan amarya da ango su shigo. Da sun tsaya, idon kowa yana kansu, a nan ake jawabi, ba sai hankali ya watse a koma ana roƙon jama'a su yi shiru ba. Addu'a, mutum ɗaya daga dangin amarya, ɗaya daga na ango, sai godiya. Kowa minti 3, duka a dunƙule kada ya wuce kwata. Mai kiɗa ya kashe sauti gaba ɗaya, masu tire su dakata, mai hoto ya san inda zai tsaya tun kafin a fara. Idan dole sai an ƙara mai magana, a raba biyu, a bar mutane su huta a tsakani.

Babbar ƙawa kuma a gaya mata tun da wuri cewa ba sai ta faro daga nazire ta bi ta firamare da sakandare da jami'a har bautar ƙasa ba, tana karantowa daga waya, waya tana mutuwa tana kunnawa. Labari ɗaya mai daɗi ya isa. Mun san amarya haziƙa ce, duk amaren garin nan haziƙai ne ranar bikinsu.

Amma inda abin ya fi ba ni dariya shi ne lokaci. Takardar da aka yi aiki da ita a ranar, na gane ta, don ni na rubuta ta, har da yadda nake ja wa sunan ango layi biyu. Sai dai ta bikin damina ce. A Kano cikin Yuni da Yuli rana ba ta faɗuwa sai wajen ƙarfe 7 saura, shi ya sa a waccan takarda na sa jawabi ƙarfe 6 saura kwata, da sauran sarari. A Disamba kuwa wajen ƙarfe 6 an kira magariba. Baiwar Allah ta kwafe har da lokacin, ta cusa ƙarin masu magana bakwai a kai, ba ta ɗaga kai ta dubi rana ba. Kawun ango yana cikin "abu na biyu da zan ja hankalinku a kai" ladan ya kwaɗa kira. Maza suka nufi alwala, masu yara suka nufi ƙofa, ga sanyin hunturu ya fara sauka a fili. Duk wanda ya san bikin garin nan ya san wanda ya fita sallar magariba daga taron tsaye, da wuya ya dawo. Jawabai shida na ƙarshe masu kwashe kaya ne suka saurara.

Da aka ga fili ya yi fayau sai aka ce a fito a yi liƙi, ko za a tsayar da sauran. Nan ma da an tambaya da an ji cewa sashe na 21 na dokar Babban Bankin Najeriya ta 2007 ya haramta watsa naira da taka ta, hukuncinsa ɗaurin aƙalla wata 6 ko tarar aƙalla naira 50,000 ko duka biyun, kuma tun 2024 EFCC ta nuna ba da wasa take ba. Ni kwando nake ajiyewa da ambulan. Ba na jefa 'ya'yan mutane a bidiyon da zai zame musu shaida.

Batun manya kuwa, wanda shi ne ainihin ƙazafin. Ban taɓa karɓe makirfo a hannun babba ba, don ba a fafe gora ranar tafiya. Tun ana saura mako nake zuwa gida, in durƙusa in gaida Hajiya, in ce, "Hajiya, taron nan na tsaye ne, wa kike so ya yi magana a madadin gida?" Ita za ta zaɓa, ita za ta gaya wa sauran, kuma babu gwaggon da za ta yi fushi da hukuncin uwar amarya. Nasiha mai tsawo tana da wurarenta, kuma ba mu rasa su ba: akwai wuni, akwai walima, akwai daren kai amarya da mahaifinta zai zaunar da ita a ɗakinsa, akwai buɗar kai a gidan miji. A can ana zaune a kan tabarma ko dadduma, amarya tana ji har ta yi kuka, maganar ta shiga. A filin kwaktel kuwa gwaggo tana zuba hikima, 'yan mata suna bayanta suna neman inda haske ya fi kyau. Layin kujerun da nake jerawa kusa da makirfo na dattawa ne, kuma akwai yarinyar da aikinta kenan, ta ga ba wanda ya haura sittin da ke tsaye.

Wai kuma ita ta fara kawo kwaktel garin nan. To, dokin mai baki ya fi gudu. Lokacin da ake riƙe min jaka ana tambayata me ya sa teburan suka yi tsawo haka, ban ji wannan tarihin ba.

Masu biki a Janairu, har yanzu magariba ba ta yi nisa da ƙarfe 6 ba, ku duba takardar da aka ba ku da kyau. Sannan wadda ta ari kyallayen tebur ɗina ruwan zuma tun bayan babbar sallah, na gan su a bidiyon, sun yi kyau ƙwarai. A wanke kafin a dawo da su, akwai tabon zoɓo a na tebur na uku.