Tsohuwar da ta yi kuka saboda muryar rediyo

Ranar Juma'a 8 ga Nuwamba 2024 ina bakin aiki a gidan kula da tsofaffin da nake aiki a nan Birmingham, na shiga kai wa wata tsohuwa shayinta na yamma sai na tarar da ita tana hawaye, rediyo a kunne kusa da matashinta. Gabana ya faɗi, na zaci wani nata ne ya rasu. Ashe wai June Spencer ce ta mutu. Ni ko sunan ban taɓa ji ba wallahi.

June Spencer 'yar wasan kwaikwayo ce, an haife ta a Nottingham a 1919, ta rasu tana da shekara 105. Akwai wani shirin rediyo na BBC mai suna The Archers, tun 1951 ake yinsa, labarin wani ƙauye ne na ƙirƙira wai shi Ambridge, manoma da shanunsu da gulmarsu, asalinsa ma don a koya wa manoma dabarun noma aka fara shi bayan yaƙin duniya na biyu lokacin da abinci ya yi ƙaranci. Kamar minti goma sha uku ne, bayan labaran ƙarfe bakwai na yamma, kuma a garin nan ake naɗarsa, an wuce kashi dubu 20. To ita June tana ciki tun ranar farko a matsayin Peggy, ta ɗan huta wasu shekaru ta dawo, ba ta ajiye aikin ba sai 2022 tana da shekara 103. Ɗari da uku fa jama'a! A cikin shirin mijinta ya kamu da ciwon mantuwa, alhali mijinta na gaskiya ma ya yi fama da ciwon kafin ya rasu, ta zauna gaban makirfo ta sake bi ta wannan hanyar.

Abin da ya ƙona min rai, wata abokiyar aikina Baturiya ce ta tambaye ni, ba da mugunta ba, wai mu ma muna da irin wannan a ƙasarmu? Na ce sosai ma, na fara lissafo mata su Samanja da Kasimu Yero, yadda unguwa ke yin tsit idan an sa su. Ta ce to nuna min. Na duba waya na duba, 'yan guntaye kawai na samu, hoton duk ya dushe. Su kuwa komai a ajiye, June ɗin nan har lambar girma ta CBE aka ba ta a 2017, da ta rasu matar Sarki Charles da kanta ta yi ta'aziyya. Mu fa? Kowa ya tuna ce-ce-ku-cen da aka yi a 2022 da Ladin Cima ta yi kukan abin da ake biyanta. Macen da ta tsufa a wasa a wajenmu sai dai a ba ta fitowar uwa na minti biyu, a bayan ido kuma a ce ai ba ta da mafaɗi. A nan sun fi mu, ba musu.

Amma kar su yi mana ɗagawa. Tsohuwar nan da na tarar tana kuka tana da 'ya'ya biyu, tun da na fara aiki sau uku na ga ɗayansu, shi ma da kati da fure, minti ashirin ya tafi. Dole ta yi wa Peggy kuka mana, ita ce kaɗai mai shigo mata ɗaki kullum. Kakata har ta koma ga Allah ba ta taɓa cin tuwo ita kaɗai ba, jikoki ma korarsu take yi don ta samu ta yi lazimi.

Da daren na kira Inna a Zariya, sai da ta yi ringin har ta katse sau biyu. Da ta ɗauka ta ce yi haƙuri 'yar nan, rediyo ce na ƙure, gidan ne ya yi shiru tun da aka kai Auta ɗakinta. Shekarata uku rabona da gida.